Mutumin da Ya Ƙi Matse Dankalinsa

Akwai wani maigida Bayahude, mai saurin fushi da son a yabe shi. Ya daɗe ba ya ga maciji da ƙanensa, kan wata magana da shi kansa ya manta farkonta.

Da idin fitilu ya zo, lokacin da Yahudawa ke cin abin da aka soya da mai don tunawa da man Haikali da bai ƙare ba, sai ƙanen ya aiko cewa zai zo cin abinci, yana so su sasanta. Maigida ya ce ya zo mana, ya ga yadda ake cika akushi a gidan manya.

To, abincin idin wainar dankalin Turawa ce, kusan yadda muke wainar rogo. A gurza dankali da albasa, a zuba a ƙyalle mai tsabta a matse ruwan tas, sannan a sa ƙwai da gari da gishiri a soya. Maigida ya tsaya a kan matarsa har ta gurza kwano guda, ya yi tozo. Ta ɗauki kashi na farko ta matse, sai ga shi ya koma ɗan dunƙule.

Ransa ya ɓaci. Ya ce wato abincinsa take zubarwa a kwata? Ta yi masa bayani cewa ruwa ne kawai, in ba a fitar da shi ba wainar ba za ta kama jikinta ba.

Ya ce, "Ƙanena ya zo ya tarar da ɗan wannan, ya koma ya ce na tsiyace? Kauce, ni zan soya."

Ta ce, "To, Maigida, ga kasko ga mai. Ni dai bari in matsa baya."

Ya ɗebo jiƙaƙƙen dankali ya tsoma a tafasasshen mai. Mai ya yi tsalle ya ƙone masa hannu da gemu. Wainar ta watse a kasko, gefe ya ƙone, tsakiya ɗanya. Ya ƙara, ta ƙara watsewa. Ya zagi mai sayar da mai, ya zagi maƙerin kaskon, ya zagi manomin dankali. Da masu laifi suka ƙare, sai ya ɗaga murya ya ce duk wannan masifa saboda wancan marar kunyar ne da ya gayyato kansa.

A lokacin kuwa ƙanen yana tsaye a bakin ƙofa, da 'ya'yansa cikin kayan idi. Ya ji komai. Ya kama hannuwansu ya juya.

Ga ma'anar misalin, kuma ku na bencin baya ku daina cin gyaɗa ku saurara, don ba kowace Lahadi ake samun mai tsara muku zance haka ba. Dankalin nan zuciyarka ce. Ruwan kuwa fushi ne da girman kai, waɗanda ke kumbura mutum ya zaci shi babba ne. Matsewa ita ce tuba, tana da ciwo, tana kuma rage ka a idon mutane. Man mai zafi shi ne ranar da za ka haɗu da wanda ya ɓata maka rai. Wanda ya shiga wannan rana a jiƙe, sai ya ƙone kansa ya kuma fantsama wa na kusa.

Kada kuma kowa ya tare ni a ƙofar coci ya ce da shi nake, kamar yadda kuka saba yi mini, ni bawan Allah. Ban kama sunan kowa ba, ko da yake na san sunayen. In kana da ɗan'uwan da ka daina gaisarwa, je ka matse zuciyarka tun yau, kafin ya iso bakin ƙofarka ya ji abin da kake faɗa a kansa.