Ranar da Ƙafafun Tokuji Suka Mutu a Hirosaki

Akwai wani mutum mai suna Tokuji Nagao, abokin aikina a Osaka ta ƙasar Japan, inda muke kwance injinan tsofaffin motoci. Dattijo ne, matarsa ta rasu, ɗa ɗaya gare shi. Tunda nake da shi ban taɓa jin ya ce wash ba. Ko ƙarfe ne ya faɗo masa a yatsa, sai ya tsaya yana kallon ƙarfen, kamar shi ya kamata a yi wa sannu. Duk wurin aikin ni kaɗai nake iya sa shi dariya, kuma wannan ba aikin yara ba ne, ku tambayi kowa.

Damuwarsa ɗaya a duniya ita ce ɗansa Ryohei. Yaron kirki ne, yana aiki a gidan burodi, amma ba ya iya riƙe komai a ciki. In ya gaji, zai ce ya gaji. In mura ta kama shi, sai duk unguwa ta sani. Tokuji abin kunya yake ɗaukar wannan, har ba ya son a yi zancen yaron a gaban mutane.

To, sai Ryohei ya samu wadda yake so, Chizuru, 'yar garin Hirosaki can arewa. Uwarta, Malama Fusae, tana koyar da shamisen, molon nan nasu mai tsirkiya uku. Chizuru ta ce ba aure sai uwarta ta yarda. Uwar kuma ta ƙi cewa e, ta ƙi cewa a'a, ta ce sai ta ga yaron da ubansa. Aka sa ranar Lahadi.

Hankalin Tokuji ya tashi. Mutanen arewa, da suke kwashe dusar ƙanƙara daga ƙofar gida rabin shekara, su ne za su ba mai kukan mura 'yarsu? Sai ya yanke shawara shi kaɗai. Malamar tana karɓar matafiya masu son gwada kiɗan na yini ɗaya. Zai riga ɗansa zuwa, ya shiga ajin kamar kowane matafiyi, ya nuna mata irin mazan gidansu. Washegari in ta gan shi kusa da Ryohei, za ta san daga itacen da yaron ya fito.

Ni da ban gama makaranta ba, na san wannan ba dabara ba ce. Amma bai tambaye ni ba.

Ya tashi daga aiki ran Juma'a, bai kwanta ba, ya kama hanya da sassafe. Jirgin ƙasa bayan jirgin ƙasa, ga tsayuwa a tasha, ga sanyi yana ƙaruwa. Kafin ya isa Hirosaki bayansa ya riƙe, idanunsa sun yi ja, shinkafar da ya saya a tasha ma tana cikin jaka bai taɓa ba.

Malama Fusae ta buɗe masa ƙofa. Tsohuwa ce siririya, ita ma da ganinta ka ga wadda ba ta samu barci ba. Ta tambayi sunansa, ya ba ta sunan maigidanmu na wurin aiki, ya ce shi mai kwance motoci ne. Ta ji harshensa, ta ce ashe mutumin Osaka ne, to yau gidan zai sha surutu. Ya ce shi ba irin waɗannan ba ne.

A ɗakin akwai 'yan mata biyu matafiya. Malama ta durƙusa a kan tabarma, ta naɗe ƙafafu ta zauna a kan dugaduganta, kamar yadda ake zama a gaban kayan kiɗa. Ta nuna wasu 'yan kujeru gajeru a gefe, ta ce wanda bai saba ba ya ɗauka. 'Yan matan suka ɗauka da murna. Ta tura wa Tokuji ɗaya.

Ya kalli kujerar, ya kalli tsohuwar da ta girme shi tana zaune a kan ƙafafunta. Ya ture kujerar, ya ce shi a haka aka yaye shi. Mutumin da rabonsa da irin wannan zama tun ranar jana'izar matarsa.

Shamisen na ɗalibai guda biyu ne, 'yan matan sun ɗauka. Sai Malama ta miƙa masa nata da hannu biyu, mai nauyi, fatarsa fara a ɗame kamar ta ganga.

Ta ce, "Ka lallaɓa shi, mutumin Osaka. Da shi zan yi wa wasu baƙi kiɗa gobe, kuma baƙin ba na wasa ba ne."

Ya ce to, bai ɗago kai ba.

Aka fara. Ta nuna musu yadda ake ɗora shi a cinya, yadda ake riƙe abin kaɗawar mai faɗin baki, yadda ake sakin hannu ya faɗa da kansa. Tokuji ya buga kamar mai kwance kusoshi. Ta ce masa wannan ba mota ba ce, ba ta yi masa laifi ba. 'Yan matan suka ƙyalƙyale.

Can sai gwiwoyinsa suka fara zafi. Zafin ya gangara ƙauri, ya koma kamar ana soka masa allurai. Gumi ya keto masa a cikin wannan sanyi. Malama ta dube shi, ta ce ko zai miƙe ƙafa ya huta, ba laifi ba ne. Ya ce wace ƙafa, shi ko ji bai yi ba. Jim kaɗan ta sake tambaya. Ya ce ta ci gaba da aikinta.

Daga baya zafin ya ɗauke ɗif. Tokuji ya ji daɗi a ransa, ya ce ya ci nasara. Bai san ƙafafun sun mutu ba ne.

Da aka gama, kowa ya kwantar da shamisen a gabansa, aka sunkuya aka yi wa Malama godiya. 'Yan matan suka miƙe. Tokuji ma ya yunƙura da ƙarfi, don a ga yadda namiji ke tashi. Ba a tsallake kayan kiɗa a gidan malami, don haka ya karkata zai zagaye. Ya taka, ya ji babu ƙasa, babu ƙafa. Ya tafi gaba ɗaya, gwiwarsa ta sauka a tsakiyar fatar shamisen ɗin Malama. Ƙarar kamar an fasa jakar takarda.

'Yan matan suka yi sallama cikin sauri, suka sulale. Aka bar shi a kwance a kan tabarma, yana son ya durƙusa ya ba da haƙuri, ƙafafun sun ƙi. Yana son ya gudu, sun ƙi.

Malama ta ɗauki shamisen ɗin, ta shafa inda ya yage, ta ajiye. Ba ta yi faɗa ba. Ta fita ta dawo da shayi mai zafi, ta ajiye kusa da kansa, ta zauna.

A kwancen nan, yana kallon rufin ɗaki, ya gaya mata gaskiya. Ya ce sunan da ya bayar ba nasa ba ne. Ya ce shi ne uban Ryohei, shi ne baƙon gobe, kuma ta hukunta shi ita kaɗai, kada ta haɗa da yaron.

Sai ta ce fata ba komai ba ce, ko ba gwiwa tana yagewa, mai gyara yana nan bayan kasuwa, sai dai kiɗan gobe babu shi. Abin da ya dame ta daban ne. Mijinta manomin tuffa ne. Ya yi shekaru ƙirjinsa na ciwo, in ta tambaya sai ya ce wane ƙirji. Wata rana aka tsinci gawarsa a ƙarƙashin tsani a gona. Tun daga nan ta rantse 'yarta ba za ta zauna da mutumin da sai ya faɗi ake sanin yana ciwo ba.

Ta ce, "Na tambaye ka har sau biyu, baban yaro. Yanzu ka gaya mini tsakani da gaskiya. Ɗanka irinka ne?"

Tokuji ya rufe ido. Abin da ya yi tafiyar nan don ya ɓoye, shi ake tambayarsa.

Ya ce, "Ko kusa. In takalmi ya matse shi sai ya ba da labari. Ran da uwarsa ta rasu, a gaban mutane ya yi ta kuka, ni ina gefe ina jin kunya."

Ta ce, "Kai ba ka yi ba?"

"Ban yi ba."

"To wa ya yi maka naka?"

Ta tura masa kofin, ta ce ya sha kafin ya huce. Ta ce gobe ya kawo yaron, ta yarda. Amma in suna son kiɗa, sai dai uban ango ya tafa musu, tunda shi ya ci fatar.

Da yamma jirgin Ryohei zai iso, kuma Tokuji ya yi alkawarin tarbarsa a tasha. Ƙafafun sun dawo, amma da ya kai ƙofa ya ga dusar ƙanƙara ta rufe hanya, sai ya zauna a kan dakali inda ake cire takalma. Ya ciro waya, ya kira ɗansa.

Ya ce, "Ryohei, ina gidan su Chizuru. Na gaji. Zo ka ɗauke ni."

Yaron ya ce, "Baba, kai ne kuwa?"

Ya ce, "Ni ne. Ka taho a hankali, akwai santsi."

Darasi: In ka gaji ka ce ka gaji, in kana ciwo ka faɗa wa mutanenka tun kana iya tsayuwa. Cijewar da kake gani jarumta ce, wasu ne suke kwasar ɓarnarta ranar da ka faɗi. Kuma halin ɗanka da kake jin kunya, wataƙila shi ne alherinsa. Ku tura labarin nan ga wannan dattijon na gidanku da bai taɓa cewa wash ba, kun san shi, ni ma na san nawa.