Mai Sarewar da Ya Daina Sauraron Dutse

An yi wani mutum a garinmu Eskel, zamanin kakanninmu. Ba zan kama sunansa ba, jikokin ƙanwarsa suna zaune a cikinku. Allah ya ba shi baiwar busa sarewa irin wadda kunne bai taɓa ji ba. Shekarar da mayaƙan teku suka hauro kwarin nan, shi kaɗai ya tare su a bakin gada, ya yi ta busa har ƙattin suka zubar da gatura suna kuka, suka juya.

Amma babban aikinsa shi ne dutsen Garmund, wancan da ke bisa kan gidajenmu. Kun san halinsa. Duk hunturu yana tara dusar ƙanƙara, da rana ta fara ɗumi sai ya nemi juye mana ita gaba ɗaya. Mai sarewa ne ke hawa ya lallashe shi, ya sauke ƙanƙarar kaɗan-kaɗan ta bayan dutse, inda babu kowa.

Aikin yana da ƙa'ida: busa ɗaya, shiru ɗaya. Ka busa iya numfashinka, sai ka sauke sarewa ka kasa kunne, domin dutsen yakan amsa da gurnani, ta haka ake gane inda nauyi ya koma. Ranar hawa gari kan yi tsit. Maƙera su ajiye guduma, mata su cusa ulu a ƙararrawar awaki.

Tsohuwa Brunna, wadda ta koya masa busa, takan ce masa, "Ɗan nan, busa kowane mai huhu yana iyawa. A cikin shirun nan ne za ka tuna ba kai ke sauke ƙanƙarar ba, sai ka gode wa Mai sauke ta."

Shekaru ya yi yana bin ƙa'idar, gari yana barci da ido biyu rufe. Sai sunansa ya kai biranen gangare. Attajirai suka fara zuwa kallo cikin rigunan gashi, su kuwa ba su san shiru ba, yana sauke sarewa sai su kaure da tafi. Mutanen gari suka yi ƙorafi, ya ce, "Ku ƙyale su, baƙi ne."

Tafi fa da daɗi, ya 'yan uwa. Bai ankara ba ya fara ganin shirun nan ɓata lokaci ne, ya riƙa cike shi da ƙawa da lanƙwasar busa. Ya gina gida a gefen dutse, sama da na kowa, har da dandalin baƙi. Brunna ta dogara sandarta ta hau ta same shi.

Ta ce, "Kai, yaushe rabonka da jin muryar dutsen nan?"

Ya yi dariya ya ce, "Inna, a zamaninku dutse ke magana. Yanzu ni ke magana, shi ke ji."

Wa ya ba shi numfashin da ya faɗi wannan? Wa ya jera masa yatsu?

Ranar hawa ta zagayo, da hantsi, rana ta fito tar. Ya tsaya kan dandalinsa ya lumshe ido, ya kama busa ba tsayawa. Kakata tana budurwa lokacin, ta ce ba ta taɓa jin abu mai daɗinsa ba. Can sai dutse ya yi gurnani, kuma ta gaba ya yi, ta wajen gari.

Mutanen gari sun ji, domin su ba su bar al'ada ba, kowa ya yi tsit, ko akuya ba ta kaɗa ƙararrawa ba. Aka ɗauki yara da tsofaffi aka ƙetare kogi. Maƙeri Odrik ya ruga sama ya koro baƙin kamar tumaki, yana ƙwala wa mai sarewa kira. Shi kuwa idonsa a rufe, ya ɗauka ihun yabo ne, sai ya ƙara ƙaimi.

Ƙanƙara ta zaftaro ta cinye gidansa da dandalinsa da rabin garin. Mutanen da ya raina su suka tono shi da shebur da hannuwansu. Da ransa, amma sanyi ya ci yatsunsa duka, sarewar kuma har yau ba a gan ta ba. Ya ƙare rayuwarsa yana bin gida-gida, ana saka masa gurasar sha'ir da cuku a baki.

Tun daga shekarar ne muke kwashe kaya duk farkon ɗumi mu yi zaman tanti a wannan ƙetaren kogin, har dutse ya gama fushinsa. Na ji ku da safen nan kuna mita, wai tanti yana yoyo. Ni kam godiya nake yi, wallahi har zuciyata. Ranar da ƙanƙarar ta zaftaro ko rai ɗaya bai salwanta ba. Da kakanninmu sun taya baƙi tafi, da yau babu mai mita, babu mai wa'azi.

Darasin a fili yake. Ni'ima aro ce, mai ita yana kallo. Wanda yabo ya toshe wa kunne ba zai ji gargaɗi ba, ko da dutse ne ya yi masa magana.

Kakata ta ce duk lokacin ƙaura mutumin nan yakan zauna a bakin kogin nan, dungulmin hannuwansa a cinya, yana sauraro. Ta taɓa tambayarsa ko yana kewar busa. Ya ce, "Yarinya, na yi shekaru bakina a kan sarewa, ban sami sukunin cewa na gode ba. Yanzu na samu."

To mu da yatsunmu ke nan cif, mu yi shiru na numfashi ɗaya mu ce mun gode. Allah ya kiyaye mu daga tafin da ke toshe kunne, ya sa mu cikin masu godiya. Amin.