Hannun da Ya Amsa Sunan Kura

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso kusa.

Ta zo mu ji ta, Kaka, ai mun matso.

A wani gari ne, zamanin da dabbobi ke zaune unguwa ɗaya suna aron gishiri a wurin juna, Gizo ya yi amarya, sunanta Ƙoƙi. Ƙoƙi ba ta da yawan magana. In ka gaishe ta sai ta sunkuyar da kai ta amsa wa ƙasa, amma idonta ba ya barin kome ya wuce. Cikin kayan ɗakinta akwai wani ƙoƙo mai murfi, cike da duwatsun ado, gadon kakarta: ja, baƙi, fari, shuɗi da ruwan ɗorawa. Da su take shirya wa mutane munduwar hannu.

Ba ta shiryawa ta ajiye don kasuwa. Sai mai so ya zo da ƙafarsa ya zauna a tabarma. Ta murza zaren auduga a cinya, ta shafe shi da kakin zuma, ta auna wuyan hannunsa. Sannan ta juye duwatsu a faifai, ta ƙyale shi ya yi ta surutu, ita kuwa tana kallonsa ta wutsiyar ido tana tsinta. In ta gama zurawa, a hannun mai ita take ƙulle zaren, ƙullin da ba ya kwancewa sai da aska. Kuma ba ta taɓa yin biyu iri ɗaya ba.

Biri, da ba ya iya zama wuri ɗaya, ta yi masa ja da ruwan ɗorawa a cakuɗe, da ƙwallon magarya a tsakiya. Kunkuru ta yi masa shuɗi zalla da wuri guda, irin na kuɗin mutanen da. Kura kuwa baƙi ƙirin, da wani haƙori da ta kawo da kanta. Ƙoƙi ba ta tambayi na wane ne ba.

Kafin a jima, munduwar Ƙoƙi ta zama suna a garin. In an ga hannu, an ga mutum.

Da damina ta zauna, Bunsuru mai babbar gona ya kira gayya. Matarsa Akuya ce ke tuƙa wa 'yan gayya tuwo, ita kuwa ba ta fita gaban maza. Sai ta yi dabara. Akwai wata kafa a jikin darnin gidanta. Duk wanda ya taso daga gona da azahar sai ya zura hannu ta nan, ta dubi munduwa, ta ɗora masa akushinsa.

Gizo kuwa tun da aka ce gayya bayansa ya soma ciwo. Ciwon yana tashi in an ɗauki fartanya, yana kwantawa in an sauke tukunya. Ya leƙa gidan Bunsuru, ya ga yadda ake yi, ya dawo yana murza hannu.

Ya ce, "Ƙoƙi, yi mini irin ta Biri."

Ta ce, "Ta Biri ai tana hannun Biri, Maigida."

"Na ce ki ciro ta hannunsa? Irinta na ce."

"Ba na yin biyu."

"Kin yi wa Biri, kin yi wa Kunkuru, har Kura mai warin baki kin yi mata, mijinki ne za a ce ba a yi?"

"In taka kake so, zauna in auna ka."

"Tawa me za ta ba ni? Wa ya san ni a gonar Bunsuru?"

Ƙoƙi ta rufe ƙoƙonta ta shiga madafa. Tana ba da baya, Gizo ya buɗe ƙoƙon ya ɗebi ja da ruwan ɗorawa, ya tsinci ƙwallon magarya a bola. Murza zare kuwa aiki ne, shi da aiki ba sa ga maciji. Sai ya jawo zaren yanarsa daga cikinsa, ya zura duwatsun yadda suka zo, ya naɗe a hannu. Kafin 'yan gayya su taso har ya isa bakin darni.

Akuya ta ga ja da ruwan ɗorawa, ta ce, "Biri, yau ka riga kowa. Sannu da aiki."

Gizo ya yi gyaran murya irin ta gajiyayye, ya karɓi akushi, ya lallaɓa bayan rumbu ya share tas. Ko loma bai rago wa Ƙoƙi ba.

Da ya dawo, Ƙoƙi ta ga miyar kuka a gefen bakinsa. Ta ga jan dutse ya ragu a ƙoƙo. Ta ga yana ta ƙoƙarin cire wani abu a hannu ya ƙi fita, don yanar gizo in ta kama ba ta saki. Daga ƙarshe ya cusa hannun cikin riga.

Da la'asar sai ga Biri, ko sallama bai gama ba.

"Amarya, nawa aka saye ni?"

"Wa ya saye ka, Malam Biri?"

"Ke zan tambaya. Na yi noma har bayana ya ƙage, na zura hannu, aka ce wai na ci. Yaushe na ci? In na ci, ina ya shiga?" Ya buga cikinsa, ya yi ƙara kamar ganga.

Ƙoƙi ta ce, "Ban yi biyu ba."

"To, ta haihu ke nan."

Ya fita yana masifa. Ƙoƙi ta zauna da zare a hannu, ta kasa zura ko dutse ɗaya.

Washegari Biri ya bar kunyarsa rabi, ya je ya tsare bakin darni tun hantsi. Yana karɓar akushinsa ya haye bishiya. Gizo da ke laɓe ya yi dariya, don yau shuɗi ya ɗeba. Ya zura hannu na biyu.

Akuya ta ce, "Kunkuru? Yau kai ne da sauri haka?"

Ta ba shi. Kafin Kunkuru na gaskiya ya iso, har an wanke tukunya.

Rana na shirin faɗuwa Kunkuru ya iso gidan Ƙoƙi. Ya numfasa, ya ce, "'Yar nan, tun azahar nake hanya da maganar nan, kuma ba ta huce ba. Na ɗauke ki mutuniyar kirki. Akuya ta ce gobe ki je da ƙoƙonki. In ba ki faɗi wanda kika ba sunayenmu ba, duwatsunki rijiya za su kwana, mu kuma kowa ya yanke tasa ya mayar miki."

Ƙoƙi ta rungume ƙoƙon. Shi ne abin da kakarta ta bar mata, shi ne kuma abin da ya sa ake sallama a ƙofarta. Ta san ɓarawon, tare suke kwana. Amma sunan miji, ko a kan alheri kunya ba ta barin mace ta faɗa a gaban mutane, balle a kan satar tuwo.

Da sassafe, Gizo na ta minshari, sai ga Kura ta dirgo ta bayan katanga, tana waige-waige.

"Amarya, ɗauko aska ki yanke mini wannan masifar."

"Ta matse ki ne?"

"Ta tona ni. Jiya da yamma na zura hannu ta kafar darnin nan, ba don tuwo ba. Ɗan Akuya ne ya matso, mai ƙiba, shi ya jawo. Na kama wutsiya, ya fizge, ya bar mini rabi. Uwar ta ga haƙorin nan sarai. An ce tun jiya muciya na cikin wuta ana jirana. Ni na tafi gaishe da dangi a wani gari, sai bayan kaka."

Ƙoƙi ta yanke zaren, baƙaƙen duwatsu da haƙori suka zube a faifai. Kura ta haura ta ɓace.

Gizo ya fito yana miƙa. Idonsa ya faɗa kan faifai, miƙar ta tsaya.

"Ta Kura ce wannan? Ta gaske?"

"Ita ce."

"Kura da ake zuba wa malmala kamar kan jariri, da nama a kai? Ɗaura mini."

"Maigida, Kura ta ce..."

"Na tambaye ki abin da Kura ta ce?"

"Akwai magana a kan munduwar nan."

"Magana, magana. Da zan aure ki cewa aka yi ba ki da surutu, abin da ya ruɗe ni ke nan. Ɗaura ki yi shiru."

Ƙoƙi ta dubi mijinta, ta dubi ƙoƙonta. Ta murza sabon zare, ta ruɓanya shi, ta shafe shi da kaki har ya yi sheƙi. Ta zura baƙi bayan baƙi, ta sa haƙori a tsakiya, ta auna hannunsa na uku, ta ƙulle tam. Tunda take ba ta taɓa yin ƙulli mai kyau irin wannan ba. Ta yi shiru kamar yadda aka ce mata.

Kusan azahar ta ɗauki ƙoƙonta ta tafi gidan Bunsuru. Biri da Kunkuru na zaune a zaure tare da mai gidan, ba wanda ya amsa gaisuwarta sai Kunkuru, shi ma a makare. Ta shiga ciki. Ga Akuya a bakin murhu, ga ɗanta a kwance an naɗe masa guntun wutsiya da tsumma, ga muciya kanta na cikin garwashi.

Akuya ta ce, "Zauna, amarya. Ni ba na son rigima, amma an mai da ni marowaciya a gidana. Wa kika yi wa?"

Ƙoƙi ta sunkuyar da kai.

"Ba ki da baki?"

Ƙoƙi ta ƙara rungume ƙoƙonta.

Biri ya ɗaga murya daga zaure, "A jefa kawai, yunwa nake ji."

Akuya ta karɓe ƙoƙon daga hannunta, ta ɗora a bakin rijiya. Ƙoƙi ta bi shi da ido, hawaye ya cika mata, amma leɓenta bai motsa ba.

Ana haka sai darni ya yi motsi. Wani hannu ya shigo ta kafa a hankali, tafi a buɗe. Baƙi ƙirin, da haƙori a tsakiya.

Akuya ta manta da rijiya. Ta cafke munduwar, ta murɗa, ta jawo muciya daga wuta.

"Sannu da zuwa, Kura. Ga rabonki."

Tim. Tim. Tim.

Daga waje aka kurma ihu. Mai hannu ya fizga, zaren Ƙoƙi bai tsinke ba. Ya sake fizga, ƙullin bai ko motsa ba. Sai ya zuro hannu na biyu don ya ƙwaci na farko, ga ja da ruwan ɗorawa. Ya zuro na uku, ga shuɗi da wuri.

Akuya ta tsaya da muciya a sama. Ta ce, "Ikon Allah. Hannu uku, suna uku, kuka ɗaya."

Ta tattara ƙarfinta ta finciko, darni ya yage, Gizo ya faɗo tsakar gida rigijib. Mazan zaure suka shigo a guje.

Gizo ya ce, "Ni ba Kura ba ne, ku duba, ni ne Gizo."

Akuya ta ce, "Hannun Kura ne ya shigo, shi na doka. In kun haɗu ka ba ta saƙon."

Biri ya kama hannun Gizo ya kara da nasa. Munduwar Biri a jere, zare na sheƙi. Ta Gizo kuwa duwatsu a karkace, an zura su a yana, har ƙudaje biyu sun maƙale sun mutu a jiki. Biri ya ce, "Da wannan aka cinye ni? Wallahi wannan ya fi yunwar ciwo."

Kunkuru ya duba tasa, ya duba ta jabu, ya juya wajen Ƙoƙi. "'Yar nan, ki yafe mana. Wannan ko makaho ya shafa ya san ba aikinki ba ne."

Akuya ta ɗauko ƙoƙon daga bakin rijiya, ta goge shi da gefen zane, ta miƙa mata da hannu biyu. Ta rage murya ta ce, "Kin san ta Kura ce, kin kuma san ina jira?"

Ƙoƙi ta ce, "An ce in yi shiru."

Akuya ta rufe baki da mayafi, kafaɗunta na girgiza.

Bunsuru ya shafa gemu ya yanke hukunci. Tunda Gizo ya ci da sunan Biri, ya ci da sunan Kunkuru, ya zo ci da sunan Kura, to gobe kunyoyin su ukun shi zai nome. Aka kawo aska aka yanke duk abin da ke hannunsa, aka mayar wa Ƙoƙi duwatsunta.

Washegari Gizo ya yi noma irin wanda kakansa bai taɓa yi ba. Da azahar ya rarrafo bakin darnin da aka gyara, ya zura kumburarren hannunsa.

Akuya ta duba, ta juya shi, ta ce, "Wannan hannun ban san shi ba." Ta tura shi waje.

Ya ja jiki ya koma gida. Ya tarar tsakar gidan cike da mata, kowace na jiran a auna ta, Akuya ma ta aiko a yi mata tata. Ya jira har suka watse, ya matso gefen tabarma, ya sassauta murya.

"Ƙoƙi, amaryata, auna ni mana. Tawa nake so."

Ƙoƙi ba ta ɗago ba, tana ta tsintar dutse. "Wane hannun, Maigida? Duka ukun sun riga sun amsa sunan wasu."

"Ai saura biyar."

"Waɗancan ƙafafu ne."

To kun ji, 'yan jikokina. Wanda ya ci tuwo da sunan wani, da jikinsa zai sha dukan mai sunan, kuma ran da ya nemi nasa sunan ba zai same shi ba.

Ƙungurus kan kusu. A nan na ƙulle zarena, kowa ya tashi da hannunsa.