Ranar da Iya Kulu Ta Yi Tatsuniya da Rana

Akwai wata tsohuwa a Unguwar Gai, Iya Kulu, wadda daddawarta ta yi suna har Rano. In ta ɗora tukunyar kalwa bayan magariba, yara kan kewaye murhu, tana iza wuta tana yi musu tatsuniya. In ta kwaikwayi tsamin bakin Gizo kuwa, har kwanciya suke don dariya.

Wata rana jikarta Saude ta zo daga Kano da ƙatuwar waya.

"Iyata ta kaina, ki yi min ta Gizo in ɗauka."

"Ke ja'ira, da tsakar rana? Ɓata ake yi!"

"Haba Iya, wayar ba ta gani da duhu. Ajiyewa zan yi saboda 'ya'yana."

Jin "'ya'yana" sai zuciyar tsohuwa ta yi sanyi. Ta karya al'adar da ba ta taɓa karyawa ba. Ta zage, ta karkace baki, ta yi tafiyar Gizo a tsakar gida.

Ranar kasuwar Kibiya ta kasa daddawarta. Jumai mai tuwo, wadda ta daɗe tana saye a gunta, ta zo ta tsaya nesa.

"Iya, ya jikin? Allah ya sawwaƙe."

"Jikin wa?"

Jumai ta miƙa mata waya. Ga Iya Kulu nan a bidiyon da Saude ta yaɗa, tana karkace baki. An yanke farkon tatsuniyar, an yanke ƙarshenta, sai muryar Saude tana ƙyalƙyala dariya: "Jama'a, kakata ta fara ruɗewa!"

"Ki yi haƙuri Iya," in ji Jumai, "masu cin tuwona sun ce ba su san me kike zubawa a ciki ba."

Haka ta koma gida da kayanta a ka.

Saude ta durƙusa tana hawaye. "Wallahi wasa ne, wasan jika da kaka! Na goge."

"A wayarki kika goge. A idon Jumai fa?"

Da magariba yara suka taru kamar kullum. "Iya, a fara mana!"

Ta iza wuta, ba ta ɗago ba.

"Ku je gun Saude. Ita ce mai baki yanzu."

Darasi: Wanda ya saki jiki da kai amana ya ba ka, kada ka sayar da mutuncinsa don dariyar baƙi. Ku tura wa masu ɗaukar tsofaffi a waya.