Ranau da Ɓerayen Rafin Tsaba

A zamanin da ba a riga an kewaye garuruwa da ganuwa ba, sa'ad da mutum kan yini yana tafiya a daji bai ga hayaƙin kowa ba, an yi wani maharbi mai suna Ranau. Daga arewa ya fito, amma ba wanda ya riƙe sunan garinsu. Kirarinsa kaɗai ya rage a bakin mutane: Ranau na gaban ɓauna, baƙin gwani mai kwana inda kura ta ƙi. An ce idan giwa ta taso masa yakan tsaya cik ya zama suri, har gara ta hau shi, sai giwar ta gaji ta wuce. An kuma ce ya taɓa shiga cikin mushen gwanki ya fake wa ruwan ƙanƙara, da aka ɗauke ya fito ya ci guzurinsa bai ko goge hannu ba. Ana faɗin wannan ne domin a san cewa shi ba mai saurin ƙyama ba ne.

Wata kaka ya gangaro da busasshen nama zuwa wani ƙauye a cikin kwari, wanda ake kira Rafin Tsaba, don ya musanya da gero. Mutanen ƙauyen manoma ne, babbansu kuwa wani dattijo mai suna Anaruwa. A ƙofar gidan dattijon ya ga 'yarsa Cima tana sussuka. Ya zo da niyyar kwana biyu, sai ga shi damina ta same shi a can.

Mutanen Rafin Tsaba suna da kan gida, wato dabbar da zuriya ba ta kashewa ba ta kuma ci, kamar yadda kowace zuriya take da tata a lokacin. Waɗansu nasu kada ne, waɗansu damo. Su nasu ɓera ne. Dalili kuwa, a wata tsohuwar yunwa kakansu ya tona ramin ɓera ya tarar da tsabar gero da dabbar ta tara, ya ci rabi ya shuka rabi, daga wannan iri ne zuriyar ta rayu. Tun daga ranar ba su ƙara ambatar sunan ɓera ba. Masu gida suke ce musu. Kowane rumbu a ƙauyen ana bar masa 'yar ƙofa a gindi domin su shiga su fita. Ba a rufe akushi, gama rufe abinci a gaban mai gida rowa ce.

Da Ranau ya nemi auren Cima, Anaruwa bai tambaye shi dukiya ba. Ya sa shi ya dafa kwarinsa ya rantse ba zai taɓa zub da jinin masu gida ba. Ranau ya rantse da sauƙin zuciya, gama a ganinsa wanda ya saba da ɓauna ba shi da wata magana da ɓera.

Bai daɗe ba ya gane abin da ya ɗauka wa kansa. Zarnin fitsari ya kama kowane ɗaki, ya kama tabarma da zane, har gashin kan matarsa. Tsakar rana za a ga ɓera ya hau gefen akushi yana ci, mai tuwon ya matsar da hannu ya ba shi wuri. Ana tsince kashinsu daga garin tuwo da yatsa, abin da ya tsere wa yatsa ya tafi tukunya. Akwai yaran da aka gaigaye musu tafin ƙafa suna barci, iyayensu mata suna nuna tabon da alfahari, wai masu gida sun shaida yaron nasu ne. Wata safiya Ranau ya ɗaga tulun ruwa ya sha, ya ji gashi a harshensa, ya leƙa ya ga ɗaya ya kumbura yana yawo a ciki, fatarsa ta fara saluɓewa. Daga ranar bai ƙara sa tuwon ƙauyen a bakinsa ba. Yakan gasa namansa a bayan gari, ya sha ruwa a rafi.

Kakar Cima, wata tsohuwa mai suna Tabawa, ta sa shi gaba da tsiya irin ta kaka da mijin jika.

Takan ce, “Ga angona mai tsantsani ya dawo. Kai da ka kwana a cikin mushe, tuwona ne ya fi ƙarfinka?”

Shi kuma ya ce, “Iya, mushen nan ni kaɗai ne a cikinsa. Tuwonki mun yi yawa.”

Sai ta yi dariya har ta yi tari, ta jefe shi da ɓawon gyaɗa.

Aka yi shekaru na albarka a jere, rumbuna suka cika, masu gida suka hayayyafa har ba a taka ƙasa sai an duba. A cikin rani na bayan wannan sai ciwo ya shigo. Yakan fara da zazzaɓi da ciwon maƙogwaro, sa'an nan fuska ta kumbura, daga baya jini ya riƙa tsattsafowa daga dasashi da hanci. Ba wanda ya san sunansa. Ya ɗauki masu jego da 'yan mata masu daka, ya ɗauki ƙarti waɗanda ba su taɓa kwanciya ba.

Mutanen suna da magani ɗaya ga kowace babbar cuta, wanda suke kira ragowa. Akan shiga rumbu a sharo abin da masu gida suka ci suka rage a ƙasa, a jiƙa a ruwan sanyi, a tace a ba majinyaci. Ba a ɗora shi a wuta, wai wuta tana korar albarkar. Da ciwo ya yi tsanani sai Anaruwa ya ce masu gida sun yi fushi, a ƙara buɗe musu ƙofofi, a kuma ba kowa ragowa, mai ciwo da mai jinya. Aka sha, aka ƙara sha. Masu haƙa kabari suka gaji.

Sai Cima ta kwanta.

Al'ada ce miji ne ke sharo wa matarsa ragowa da hannunsa. Da hantsi Anaruwa ya miƙa wa Ranau ƙwarya da guntun tsintsiya, ya nuna masa babban rumbun gidan. Ranau ya hau tsani, ya ɗaga jinkar, ya zura ƙafafunsa ya dira ciki.

Hatsin ya yi ƙasa, saura kamar iya gwiwa. Zafi da wari suka rufe shi kamar an kifa masa tukunya. Da idonsa ya saba da duhun wurin, ya ga geron yana motsi. Ya sa tsintsiya ya ture na sama, ya tarar na ƙasa ya cure ya yi baƙi, ya jiƙe sharkaf da fitsari, kashi ya fi tsaba yawa. A jikin bango ga sheƙa cike da jajayen 'ya'ya marasa gashi suna mutsu-mutsu. Kusa da su wata uwa ta mutu ta fashe, tsutsa na fita daga cikinta tana shiga hatsin, 'yan'uwanta kuma sun cinye mata fuska. Ƙuma ta hau ƙafafunsa baƙi ƙirin har cinya. Wani ƙato ya tsaya a kan ƙwaryar da ke hannunsa, ya dube shi ido cikin ido ba tsoro, ya tsula fitsari a ciki, ya sauka.

Mutumin da bai taɓa ja da baya ga ɓauna ba ya fito daga rumbun nan da rarrafe. Ya durƙusa a gindin tsani ya yi ta amai har sai da kumallo ya fito. Mutanen gida suka kewaye shi.

Anaruwa ya ce, “Maharbi, ina ragowar?”

Suruki ba ya ɗaga ido ga surukinsa, Ranau kuwa bai taɓa yi ba sai ran nan. Ya ce, “Baba, ko karena ba zan ba abin da ke cikin rumbun nan ba.”

“Abin da ya rayar da kakanninmu kake faɗa wa haka?”

“Ban san abin da kakanninku suka tono ba. Na san abin da na taka yanzu. Ni kaɗai ne a garin nan ba na cin ragowarsu, ni kaɗai ne kuma ko kaina bai yi ciwo ba.”

Anaruwa ya ce, “Kai baƙo ne, ba su san ka ba balle su yi fushi da kai. Ba ni ƙwaryar. In mijinta ya ƙi, ubanta yana nan.”

Ranau ya kifa ƙwaryar a ƙasa ya taka ta ta fashe. Mata suka sa salati irin nasu na lokacin, maza suka fara laluben sanduna. Sai tsohuwa Tabawa, wadda take zaune a ƙofar ɗakin da Cima ke kwance, ta janye ƙafafunta daga bakin ƙofar.

Ta ce, “Mai tsantsani, in za ka ɗauka ka ɗauka. Ba ta da nauyi yanzu.”

Anaruwa ya ce, “Inna!”

Ta ce, “Na ji ka. Ni na haife ka, ba kai ka haife ni ba.”

Ranau ya shiga ya goya matarsa da zanenta, ya rataya baka da kwari a gaba, ya fita ta tsakiyarsu. Ba wanda ya taɓa shi, gama sun san kibiyarsa.

Gabas da kwarin akwai wani babban dutse mai faɗin kai, fa ne tsirara ba ciyawa ba rami, inda yakan shanya nama. A wani tsagi nasa ruwa na tsattsafowa ko da rani. Can ya nufa. Masu ba da labari sun ce da ya waiwaya sai ya ga masu gida sun biyo shi, sun fito daga kowane rumbu sun haɗu sun zama kamar baƙin ruwa mai gangara sama, suna bin 'yar gidansu. Hannunsa ya kai kan kwari, ya tuna rantsuwa, ya sauke. Ya hau dutsen rana na tsaka, fa ya yi zafi kamar tanda. Ɓerayen suka iso gindin dutse suka tsaya, na gaba suka taka suka ja da baya. Sai shirwa da shaho suka sauko musu daga sama. Waɗansu sun ce Ranau ne ya yi fito ya kira tsuntsayen. Waɗansu sun ce tsuntsayen dama a dutsen suke, saboda naman da yake shanyawa. Anaruwa dai har ya mutu yana cewa maharbin ya karya rantsuwa da faratan aro.

A kan dutsen Ranau ya kafa 'yar bukka. Ya ƙone zanen da ya goyo ta da shi. Ya riƙa ba ta romon zabo da ruwan tsagin dutse, ba ya ba ta komai sai ya tafasa, ba don ya san wani sirri ba, sai don zuciyarsa ba ta ƙara yarda da ɗanyen abu ba. Fuskarta ta kumbura har idanu suka rufe, jini ya zo, ya zauna yana goge mata baki da ganye. Bai sa rai ba. Amma kumburin ya saɓe, zazzaɓin ya sauka, wata safiya ya dawo daga ɗiban ruwa ya hango ta zaune a ƙofar bukka ta ba shi baya, tana duban kwarin.

Murna ta kama shi, ya kira ta. Ba ta juyo ba. Ya matso ya ƙara kira da ƙarfi, ya buga tulun da dutse har ya tsage. Ba ta motsa ba. Sai da inuwarsa ta faɗa a gabanta ta zabura ta ɗago kai.

Ta ce, da murya mai ƙarfi irin ta wanda ba ya jin kansa, “Maigida, yau garin shiru. Ko daka ba a yi.”

A daidai lokacin kuwa kukan mutuwa na tasowa daga kwarin har kan dutse, gama a safiyar ne Anaruwa ya cika. Tabawa ta riga shi da kwanaki. Ranau ya tsuguna a gabanta, ya rasa ta yadda zai gaya mata. Ciwon ya bar mata ranta ya tafi da jinta, bai kuwa dawo da shi ba har ta tsufa.

Waɗanda suka rage a Rafin Tsaba suka riƙa hawowa da ɗai-ɗai, da tsummokaransu da marayu. Ranau bai kori kowa ba, amma ya tsaya a gindin dutse ya sa kowa ya zubar da hatsin da ya ɗauko, ya ƙone tabarmarsa. Iri ma daga wani gari mai nisa ya sayo musu da nama. Ya sa aka gina rumbuna a kan fa, bisa dogayen duwatsu masu santsi, ba ƙofa a gindi, nesa da ɗakin kwana. Ya ce duk matar da ta bar akushi ko tulu a buɗe ta sauka ta koma kwari. Tsofaffi suka yi gunaguni, suka bi. Cima ta haifa masa 'ya'ya, ba ta ji kukan ko ɗaya ba. An ce ba ta taɓa zarginsa ba, ba ta kuma taɓa yi masa godiya ba, kowace shekara da kaka takan zauna a bakin dutsen ta daɗe tana duban kufan gidan ubanta.

Garin da ya tashi a wurin shi ne ake kira Dutsen Cima. Rafin Tsaba ya zama kufai, ƙasarsa duk ramuka, makiyayi ba ya barin saniya ta bi ta ciki don kada ta karye. Rumbunan Dutsen Cima har yanzu a kan dogayen ƙafafu suke, kuma abin da ake fara sa wa amarya a kayanta shi ne faifan rufe abinci. Akwai kuma wata ɗabi'a da baƙi kan yi wa dariya. A garin nan namiji ba ya kiran matarsa daga baya, ko daga nesa. Komai saurinsa sai ya zagayo, ya tsaya inda inuwarsa za ta faɗa a gabanta, ya jira ta ɗago kai. Samarin yanzu suna yi, yawancinsu ba su san dalili ba.