Ranar da Kalkuleta Ta Ƙi Raba Wake Gida Sifili

Dalilin da ya sa kalkuleta ba ta raba abu gida sifili, yara, ba rashin sani ba ne. Ƙi ta yi, kuma ni ina bayanta.

A da kalkuleta tana magana, da wata 'yar murya siririya kamar ta ƙaramar rediyo, kuma ba ta taɓa ce wa kowa a'a ba. Manoman Rafin Gora ne suka haɗu suka sayo ta, don sun gaji da dambe duk ranar rabon taki. Suka damƙa ta a hannun shugaban ƙungiyarsu, wani mai suna Korau, mutum mai faɗin riga da ƙaramin imani. To a garin akwai wata al'ada: in an gama rabo, abin da ya yi saura na mai rabo ne, ladan wahalarsa. Yawanci bai wuce kwano ɗaya ba.

Wata damina ruwa ya yi ambaliya, ya cinye gonaki, ya rushe gidaje. Mutane suka kwashe yara da awaki suka hau tudu suka yi bukkoki. Ana cikin haka sai ga babbar mota shaƙe da buhunan irin wake, an aiko musu taimako. Wake ne kaɗai zai iya nuna kafin ruwa ya ɗauke. In ba su shuka shi ba, yunwa ce zalla har baɗi.

Korau ya riga kowa tarar motar a bakin gari. Direban ya ce, "Ranka ya daɗe, an ce kada in sauke sai na ji rabon kowane gida."

"Wane gida?" in ji Korau. "Duba da idonka. Garin nan babu kowa."

Lissafinsa a fili yake. In aka raba wake ga babu kowa, ba wanda zai ɗauki ko ƙwaya, duka ya zama saura, saura kuwa nasa ne. Ya zaro kalkuleta ya danna yawan buhunan, ya danna alamar rabawa, ya danna sifili.

Kalkuleta ta ce, "Shugaba, ina jin daka daga kan tudu. Wa ke yi?"

"Ba a tambaye ki ba. Faɗi amsa."

"Ba zan faɗa ba."

Sai ga Delu ta fito daga wani kango tana dogara sanda. Tsohuwar ungozoma ce, ta ƙi hawa tudu don ta ce ruwan bai isa ya kore ta daga ɗakinta ba. Ta ji komai. Ta ce, "Korau, ni ce babu kowa? Ni da na yanke maka cibiya?"

"Iya, ki koma ciki, wannan maganar ƙungiya ce."

"Ba inda za ni."

Kunya ta kama shi, ta juye ta zama fushi, ya huce a kan wadda ba ta da hannun ramawa. Ya matse kalkuleta ya ce, "Ke, a aljihuna kike kwana. In ba ki amsa ba, yau za ki daina magana."

Ta ce, "Ce min tara, in tara. Ɗebe, in ɗebe. Amma mutane suna raye ka ce in ce babu su, wannan kam sai dai ka fasa ni."

Ya tsinci ƙusa a ƙasa, ya soka a 'yan ramukan da muryarta ke fita, ya murɗa. Muryar ta yi ƙara sau ɗaya ta mutu. Har yanzu in na zo nan raina ɓaci yake yi. Ya sake danna lissafinsa yana huci, a zatonsa bebiya ba ta gardama. Sai ga harafi guda ya fito a fuskarta, ba lamba ba. Ya goge ya sake, harafin ya dawo. Ya cire batir ya mayar, harafin na nan daram.

Direban ya leƙa ya ce, "Ranka ya daɗe, ni ban ga rabo a nan ba." Ya hau motarsa ya danne ham, bai ɗaga hannu ba sai da mutanen tudu suka gangaro, maza da mata, har da masu taɓarya a hannu. Delu ta karɓe kalkuleta daga hannun Korau, aka ƙirga gidaje, aka danna. Kalkuleta ta ba da amsa nan take, a rubuce, shiru. Sauran da ya rage wa Korau ko cikin hularsa bai yi ba.

Shi ya sa har yau kalkuleta ba ta magana, kuma ba ta raba abu gida sifili. Jikokinta ma sun gaje ta, da kalkuletoci masu zana layi a fuskarsu da kwamfutar da ake naɗewa a sa a jaka. Ku ɗauko ta yayanku ku gwada. Ku danna har yatsa ya yi zafi, ba za ta yarda ta ce babu kowa ba.