Tafin Hannun Barmo

"Ga ta nan, ga ta nanku, kowa ya gyara zama."

"Ta zo mu ji ta, Kaka."

A wani tsohon birni akwai gidan ƙasa mai hawa biyu, zankwayensa a tsaye kan soro kamar kunnen zomo. Wani magini, Barmo, shi ya gina shi. Ya jera tubali, ya rufe da azarar giginya. Ranar da ya gama, sai ya danna tafin hannunsa a ɗanyen bangon zaure. Kowace shekara kafin damina akan sake yaɓe gidan, amma ba a taɓa wurin hannun nan.

Barmo ya rasu, 'ya'yansa maza suka bi shi. Saura 'yarsa Tasalla, tsohuwa mai taurin kai, da jikansa Ilu, wanda ya yi arziki a kudu ya dawo yana hura hanci. Gabashin gida na Ilu, yamma da zaure na Tasalla.

Sai Ilu ya zo da siminti. Ya ce, "Gwaggo, a shafe bangon nan a huta da yaɓe."

Ta ce, "Bangon ƙasa numfashi yake yi. Ka toshe shi, ruwa ya shiga ya rasa ta fita. Nawa ba a taɓawa."

Sai ya shafe nasa.

Sai ya dawo da kwanon rufi. Ya ce, "Gwaggo, a sare zankwayen nan a buga kwano."

Ta ce, "A jikinsu magini ke ɗaura igiya ya hau. Ka sare, da haƙori za a hau? Nawa ba a taɓawa."

Sai ya sare nasa.

Sai ya dawo da masu diga. Ya ce, "Gwaggo, zauren nan ya hana motata shiga."

Tasalla ta shimfiɗa tabarma ƙarƙashin hannun ubanta, ta miƙe ƙafa. Ta ce, "Ku fara da ni."

Masu diga suka dubi juna, suka saɓa kayansu suka tafi. Labari ya kai ga hukuma, aka zo aka kafa allo a ƙofa, wai gidan tarihi ne, ba mai rushe shi. Tasalla ta ce, "Madalla. Amma allo ba ya yaɓe."

Damina ta matso. Magina duk sun koma aikin bulo. Sai tsohuwa ta kwaɓa ƙasa da ƙafarta, ta yaɓe iya inda hannunta ya kai. Saman bene ya gagare ta. Ta zauna ta yi kuka, don ta san ruwa ta can zai gangaro ya wanke hannun ubanta.

Aka yi ruwan fari, simintin Ilu ya kumbura. Aka yi na biyu, ya tsage. Aka yi na uku, sai gabashin gida ya zube rij, har kan motar. Sashen Tasalla yana tsaye, amma ruwa ya ci samansa, jan layin laka ya sauko, saura taƙi ɗaya ya kai hannun Barmo.

Ilu ya shigo zaure kansa a ƙasa. Ya ce, "Gwaggo, me zan yi?"

Ta ce, "Cire takalmi."

Ya taka ƙasa har gwiwa. Ya ɗaura igiya a zankon da ta hana shi sarewa, ya hau, ya yi ta yaɓe kwana uku, tana ƙasa tana yi masa faɗa. Da ya sauko, sai ta kama hannunsa ta danna a ɗanyen bango, kusa da na kakansa. Suka duba. Tsawo ɗaya, faɗi ɗaya, har karkacewar ɗan ƙaramin yatsa.

Ta ce, "Wannan hannun nake jira tun da ka dawo."

Ƙurunƙus, na ɗora ta a kan kusu, ya ruga da ita rami. Ku dai, in kun gaji gida, ku tambayi yadda aka riƙe shi kafin ku ce za ku gyara.